Kaka da Kaset Mai Ruwan Ɗorawa

Kawuna ne ya jawo mana shi, Allah ya jiƙansa. Ƙanen mahaifiyata ne, fataucin hatsi yake yi a Babura, kuma mutum ne da ba ya iya ganin kayan gwanjo ya wuce. In ya ƙetara iyaka ya sayar da gero, sai ya dawo da ragowar sefa a aljihu ɗaya, tarkace a ɗayan. Ya taɓa kawo mana agogon bango da ke tafiya da baya. A irin wannan tafiyar ce ya shigo gidanmu na Kazaure da kwali a hammata, ya dire a tsakar gida ya ce, "Ga gem na kawo wa yara." Ummanmu ta leƙa kwalin ta ce dama abin da ya rage mana ke nan.

Ɗan akwati ne ruwan toka, ana jona shi da talabijin, da abin dannawa guda biyu da muke ce wa hannu. A samansa akwai baki inda ake cusa kaset. Kaset ɗin ba irin na rediyo mai zare ba ne. Roba ce mai ruwan ɗorawa, girmanta kamar sabulun wanki, a gindinta akwai haƙoran ƙarfe a jere. An manna masa takarda an rubuta wai akwai wasanni ɗari tara da casa'in da tara a ciki. Ƙarya ce tsagwaronta, kuma ni na kama ta. Shekarata goma sha biyu a lokacin, ga ni da bin diddigin tsiya, sai na ɗauki bayan littafin lissafina na riƙa buɗe su ɗaya bayan ɗaya ina rubutawa. Wasannin ba su wuce goma sha ɗaya ba, maimaita su kawai aka yi ta yi, a canza launin riga nan, a canza suna can.

Ba kullum nake samun hannun ba. Yayana ya girme ni da shekara uku, ya kuma ɗauki akwatin kamar gadonsa, shi da abokansa. Sai an aike shi niƙa ko cefane nake samun sarari. Shi ya sa ƙirgar ta ɗauke ni kusan wata biyu.

Kaset ɗin yana da taurin kai. Ka cusa shi, ka kunna, talabijin ta yi shuɗi fayau ko ta cika da zane-zane. Sai a zare shi, a juya haƙoran sama, a hura musu iska, a mayar. Babu wanda ya koya mana wannan. Duk yaron da ya taɓa riƙe kaset a garin nan ya san ana hurawa, kuma har yau ban san wa ya fara ba. Wani lokaci hurawa ɗaya ta isa, wani lokaci sai kumatu sun gaji.

Wata ranar damina bayan la'asar, ga wuta an kawo, ga yara kusan takwas a falon Baba, kaset ya ce bai san zance ba. Yaya ya hura, abokansa suka hura, ni ma na hura har kaina ya fara juyawa. Shiru. Na fito tsakar gida da shi a hannu ina ƙunƙuni, sai na ga Kaka a ƙofar ɗakinta.

Kaka mahaifiyar babanmu ce. Daga Gwiwa aka ɗauko ta bayan rasuwar kakanmu, ta baro gonarta da awakinta da ƙawayenta na shekara hamsin. A Kazaure abu ɗaya ta samu ya riƙe ta, shi ne tofi. Kullum da safe matan unguwa kan shigo da jarirai, wannan haƙori yake yi, wancan firgita, wani ya ƙi nono. Sai ta karɓe shi ta ɗora a cinya, ta yi karatunta a hankali, ta tofa masa a goshi ko a ruwan da ke cikin ɗan ƙoƙonta. Ba ta karɓar komai sai goro in an matsa mata. Don wannan take wanka tun da sassafe, ta ɗaura zane mai tsabta, ta shimfiɗa tabarma ta zauna tana sauraron sallama. Ban da shi ba ta da wani dalilin tashi da wuri a garin da ba nata ba. Kuma leɓenta ba ya tsayawa, ko magana kake yi mata carbi na tafiya, baki na motsi.

Tsokana ce ta sa na miƙa mata. Na durƙusa kamar yadda matan ke yi na ce, "Kaka, ga wani maras lafiya an kawo miki."

Ta jujjuya shi ta ce, "Ke dai ba ki da ta ido. Wannan kuma ɗan gidan wa ne?"

"Hura masa kawai za ki yi, nan wajen haƙoran."

"Ku da kuke da ƙuruciya kun kasa, sai ni da numfashin nawa ya kusa ƙarewa?"

Amma ta hura. Doguwar hurawa, mai ɗumi, mai ƙamshin goro. Na koma falo da gudu na cusa, sai ga kiɗan nan ya tashi, jerin wasanni ya bayyana tar. Yara suka ɗauki ihu har Umma ta fito da muciya. Washegari ya sake ƙi, na sake kai mata, ya sake tashi. Kafin sati biyu, duk yaron da kaset ɗinsa ya yi gardama a unguwarmu gidanmu yake nufowa. Kaka tana jin daɗin abin, ba zan ɓoye ba. Takan ce wa Yaya, "Maigidana, yau ma ka kasa ke nan, kawo." Kuma ba sau ɗaya ba na ji ta da kunnena tana gaya musu, "Ni fa ba karatu nake yi wa robarku ba, iska ce kawai." Sai dai tana faɗa, tana hurawa, leɓen na ci gaba da tasbihinsa.

Ni ce na gano Maras Fuska. Ina cikin ƙirgata, can ƙasa wajen lamba ɗari bakwai da wani abu, na danna wani wasa da na san shi sarai, na wani ɗan mutum mai tsallake ramuka yana tsintar 'ya'yan itace. Amma a wannan lambar ya fito daban. Sararin sama ya zama gutsattsarin haruffa, wasu a kife. Kiɗan ya koma ƙara guda ɗaya doguwa, siririya, kamar kukan jinjirin da ya gaji. Ɗan mutumin yana nan da rigarsa da hularsa, amma inda fuska take babu komai, fari fat. Na ajiye hannun a ƙasa don in rubuta lambar, sai na ga ya fara tafiya shi kaɗai.

Wallahi ban ji tsoro ba, daɗi ma na ji. Na kashe na kunna sau uku don in ga ko zai sake, ya kuwa sake. Da Yaya ya dawo na ja shi na nuna masa ina rawar jiki. Yaya da ke cika baki shi namiji ne ya saki hannun ya yi baya har ya ture buta. Kashegari duk makarantarsu ta ji.

Daga nan labari ya fi ƙarfina. Yaran unguwarmu suka ce ɗan wani bature ne ya mutu da kaset ɗin a hannu, shi ne ya maƙale a ciki. Wani da ya zo hutu daga Roni ya rantse akwai irinsa a garinsu, kuma duk wanda ya kalle shi sau uku zai ji an kira sunansa da tsakar rana, in ya amsa shi ke nan. Na ce masa ni na kalla ya fi sau ashirin, ya ce ai mata ba ya kiran su. Ɗan maƙwabcinmu da ke bin mota zuwa Babura ya dawo da nasa labarin, wai shi ya sa mutanen ƙetare suka sayar da shi da araha, rabuwa suke son yi da shi. Na riƙa rubuta kowanne a littafin nan nawa, don ina son in ga inda za su haɗu. Kwanan nan, bayan shekaru masu yawa, 'ya'yan ƙanwata suka nuna min irin wasannin nan a waya, an zuƙo su daga tsofaffin kaset ana tura wa juna, su ma da nasu labaran na wanda ba a buɗewa da wanda ke magana. Na saurare su har ƙarshe, ban yi musu dariya ba.

Inda labaran suka haɗu ba inda na zata ba ne. A kan Kaka suka haɗu.

Akwai maƙwabciyarmu, matar mai shayi, wadda duk 'ya'yanta huɗu sun hau cinyar Kaka tun suna tsumma. Wata rana ta shigo aron turmi ta tarar da Kaka riƙe da kaset mai ruwan ɗorawa dab da bakinta, leɓe na motsi, sannan ta hura, yaro ya karɓa ya ruga, kukan nan siriri ya taso daga falo. Ta ɗauki turmi ta fita. A satin ne ɗanta na uku, wanda ya sha leƙen Maras Fuska ta taga, ya fara firgita cikin barci. Shi ke nan. Aka ce abin da ke cikin kaset ba ya tashi sai tsohuwar gidan ta yi masa magana. Aka ce tana kiran sa ne. Maganar da ta fi kowacce ciwo ita ce wadda wata ta faɗa a gidan suna, Umma na zaune: da bakin da take hura wa wancan abin, da shi take tofa wa 'ya'yanmu.

Babu wanda ya zo ya faɗa mata a fuska. Ƙafa kawai aka ɗauke. Safiyar farko mata uku suka zo maimakon bakwai ko takwas. Bayan kwana biyu, ɗaya, ita ma baƙuwa ce da ba ta ji labari ba. Daga nan babu. Kaka ba ta fasa komai ba. Ta yi wanka, ta ɗaura zanenta, ta shimfiɗa tabarma, ta cika ƙoƙo da ruwa. Ina shirin makaranta ina satar kallon ta, duk motsin ƙofar gida sai ta ɗaga kai. Ran Asabar na ga ƙarshen zaman. Da hantsi ya yi sosai ta tashi, ta zuba ruwan a gindin zogale, ta naɗe tabarmar ta shige ɗaki. Raina ya ɓaci ƙwarai, don na san ni na fara miƙa mata robar nan.

Baba ma'aikaci ne a sakatariya, ba ya son sunansa a bakin mutane. A ƙofar masallaci wani dattijo ya ja shi gefe ya gaya masa abin da ake faɗa. Baba ya dawo ya cire takalmi a bakin ɗakin Kaka ya durƙusa. Shi ne ɗanta na fari, don haka ba ta faɗin sunansa, ba ta kuma yi masa magana kai tsaye. Ya ce, "Inna, don Allah a daina taɓa kayan wasan yaran nan. Ni na san babu komai, amma mutane ba su sani ba." Ina tsaye a gefe, Kaka ta dube ni, ba shi ba, ta ce, "Ki gaya wa ubanki na ji." Baba ya kwashe akwatin da hannuwan ya kulle a kabad ɗinsa. Kaset ɗin kuwa bai same shi ba, yana cikin jakar makarantata.

Na ƙudura sai na ga abin da ke ciki da idona. A bakin kasuwa akwai wani dattijo mai gyaran rediyo da talabijin, tabaransa ɗaure da zare a kunne ɗaya. Ranar da aka aike ni sayen kuka da daddawa na tsaya a rumfarsa, na gaishe shi, na ajiye kaset a kan teburi na ce, "Baba, buɗe min za ka yi."

Ya kalle ni ta saman tabarau. "Wannan ne na gidanku da ake ta magana?"

"Shi ne. Ko kai ma tsoro kake ji?"

"Ja'ira. Miƙo min wancan sukudireban."

Ya ɓalle shi gida biyu. Na tura kai har goshina ya kusa taɓa nasa. Abin da ke ciki bai kai tafin hannuna ba: wani ɗan allo kore, da ɗigo baƙi a tsakiya kamar an ɗiga kwalta, sai haƙoran. Na ce ina wasannin? Ya nuna baƙin ɗigon ya ce duk suna nan. Na ce har da kiɗan? Ya ce har da kiɗan. Na daɗe ina kallon ɗigon nan, ya fi labarin ɗan bature ba ni mamaki nesa ba kusa ba.

Sannan ya karkata haƙoran wajen haske ya nuna min wani kore-kore da ya hau kansu. Ya ce tsatsa ce, ita ke hana su haɗuwa da na cikin akwati. In an hura, danshin numfashi yakan ɗan haɗa su na wani lokaci, kuma danshin ne ke ƙara tsatsar. Ya ce mu yara fuu muke yi da ƙarfi, busasshiyar iska, tsohuwa kuwa a hankali take yi, tata ta fi laima. Fuskar kuma, haƙori biyu ne suka ci sosai, hoton da ke bi ta nan ba ya isa. Ya ɗauko kilinar goge fensir ya dirje su har suka yi ƙyalli, ya mayar da murfin. Akwai akwatin wani da aka kawo gyara, ya jona shi da wata ƙaramar talabijin, na nemo lambar da kaina.

Sama ta dawo shuɗiya. Kiɗa ya dawo. Ɗan mutumin yana da ido biyu da ɗan baki, yana murmushi kamar wawa. Na ajiye hannun na jira, sai ya kama tafiyarsa shi kaɗai kamar da. Na ce, "To wannan fa?" Dattijon ya sosa gemu ya ce wataƙila haka aka yi shi, in ba a taɓa ba ya riƙa nuna kansa, amma shi bai tabbatar ba. Na ji daɗin da bai yi min ƙarya ba.

Na koma gida ƙafata ba ta taɓa ƙasa, na ma manta daddawar a rumfarsa. A tunanina magana ta ƙare, ai abin da ido ya gani ba a musu. Na kwana biyu ina yi wa Baba naci har ya fito da akwatin. Umma ta aika aka kira matan maƙwabta bayan la'asar, su biyar suka zo, har da matar mai shayi, suka tsaya cirko-cirko a bakin falo ba wadda ta zauna. Kaka tana ɗakinta, labule a sake. Na yi musu bayani tiryan-tiryan, tsatsa, danshi, kilina. Na cusa kaset ba tare da kowa ya hura ba, ya tashi. Na kai su lambar. Na ce, "Ga shi nan. Ga fuskarsa. Babu kowa a ciki."

Suka ƙura ido suna kallo. Matar mai shayi ta gyara goyonta, ta dubi talabijin, ta juya ta dubi labulen ɗakin Kaka, sannan ta ce a hankali, "To wa ya mayar masa da fuskar?"

Na ce mai gyaran rediyo ne, a gabana aka yi.

Ta ce, "Uhm. Haka dai aka ce ki ce."

Nan na rasa inda kaina yake. Ni dama ba a taɓa yaba min da sanyin zuciya ba. Na ce mata shekara nawa tana kwaso 'ya'yanta masu majina tana dire wa Kaka a cinya, ko sau ɗaya an taɓa mayar mata da ɗaya babu fuska? Na ce butulci ne da rashin kunya, ba tsoro ba. Ban ƙarasa ba Umma ta ɗauke ni da mari. Matan suka fara salati suna neman takalmansu. Daga bayan labule muryar Kaka ta fito, ba da ƙarfi ba: "Ke, durƙusa ki ba ta haƙuri. Uwa ce a gare ki." Na durƙusa ina huci na ce a yi haƙuri. Suka fita da sabon labari, wai abin ya fara taɓa jikar ma.

Baba ya ba Kawu akwatin da kaset ɗin ya mayar Babura, ban san hannun wa suka faɗa ba. Yara suka samu wani abin magana, kafin lokacin girbi ya zo an manta da Maras Fuska. Matan ne ba su dawo ba. Suna gaishe da Kaka in sun shigo wajen Umma, daga nesa, goyo a juye ta ɗaya gefen. Ita kuma ta daina shimfiɗa tabarmar safe. Ƙoƙon ya koma wajen Umma ana awon gishiri da shi. Na lura ko fitilar ɗakinta ba ta ƙara hurewa da baki ba, da yatsa biyu take murje lagwanin.

Bayan an yi girbi zazzaɓi ya kwantar da ni. Kwana biyu ina rawar sanyi. A rana ta uku da azahar Umma ta kama ni ta kai ni ɗakin Kaka, ta ce, "Inna, ga jikar taki, jikin ya ƙi." Kaka ta jawo kaina ta ɗora a cinyarta, duk da na yi girma da hakan. Na ji ta fara karatu, irin wanda na sha ji tana yi wa 'ya'yan mutane. Ta daɗe tana yi. Da ta kai ƙarshe ta sunkuyo, har na ji ƙamshin goro, na rufe ido ina jiran sanyin nan ya sauka a goshina.

Bai sauka ba. Na ji ta haɗiye numfashin, ta ɗago, ta ɗora min tafin hannunta a maimakonsa. Ta ce wa Umma, "Ku kai ta asibiti, kar ku bari yamma ta yi."

Na fashe da kuka. Umma ta ɗauka tsoron allura ne, tana ta ce min guda ɗaya ce kawai za a yi. Kaka ta san ba shi ba ne. Ta zame cinyarta a hankali, ta juya ta fuskanci bango tana jan carbinta.